Ƙashin da ya shaƙe Duna

Galma, ran Talata bayan la'asar.

Yaya Mamman,

Gaisuwa mai yawa. Ina gajiya, ina zaman Kumasi? Ya jikin Hadiza da yara? Mu nan lafiya, Inna na gaishe ka.

Jiya da hantsi karenka Duna ya shaƙe. Na iske shi bayan rumbu yana dalalar da yawu, yana kartar baki da ƙafa, numfashi na fita da ƙyar. Maƙwabta suka ce hauka ne, suka ɗauko sanduna. Kawu Idi, mai kirana ɗan lakkwal don ina makarantar boko, ya ce, "Kauce, ɗan lakkwal! Ko lafiyarsa lau, wa zai taɓa yawun kare?"

Na roƙe su su dakata. A makarantar likitan dabbobi an koya mana haukan kare kan zo da wannan kama, shi ya sa ban sa masa yatsa a baki ba. Na naɗe shi cikin buhu, na gitta sanda tsakanin haƙoransa, na leƙa. Ƙashin zabo ne ya tokare can ciki. Inna ta kawo ruwa a ɗura masa, na hana, don zai bi hanyar numfashi. Da awartakin maƙeri na zaro ƙashin. Ya yi tari, ya shaƙi iska.

Ban sani ba ko maƙogwaron ya ji rauni. Ban tabbata babu haukan ba, don haka yana ɗaure. Ban kuma san iyakar haƙurin maƙwabta ba.

Ka sa mu a addu'a, ka gai da Kawu Sani. Inna ta ƙi rufe ɗakinta da dare, ta ce tun tafiyarka Duna ne ke kwana a ƙofar.

Ƙanenka,
Abdu