Farin Fenti a Farcena

New York, 9 ga Maris, 1967

Yaya Doreen,

Gaisuwa mai yawa. Ya ƙafar Mama? Ya yara? Ni lafiya lau, tarin ma da sauƙi, kada ki gaya mata.

Kin tuna Malam Petrakis, wanda ya koya mini zane a Toledo, yana sa ni zana hannuwan Baba in ya taso daga masana'anta? Yana nan New York, shekara talatin ke nan yana zana wa kamfaninmu littattafan labari cikin hotuna. Ran Litinin edita ya dire mini shafukansa da kwalbar farin fenti, ya ce, "Lorne, shafe fuskokin nan ka zana masu kyau. Jarumin da tsohon nan ya zana sai ka ce direban motar shara."

Na ce, "Mutumin fa yana raye, yana hawa na ƙasa."

Ya ce, "To sauka ka yi masa ta'aziyya. Masu jiran kujerarka sun yi layi."

Na shafe, Yaya. Fuska sittin da huɗu na mayar sumul kamar tallan sabulu, kuma da sunansa za a buga.

Jiya muka haɗu a matakala. Ya dubi fentin da ke farcena, ya ce, "Ɗana, hannuwan da na zana fa?" Na ce ban taɓa su ba. Ya ce, "Madalla. Edita ba ya kallon hannu."

Don Allah ki aiko mini tsohon littafin zanena, yana ƙarƙashin gadon Mama. Ina so in ga aikin da na yi tun ina da kunya.

Ƙaninki,
Lorne