Inna, Ba Aljanar Gada Ce Ta Kashe Ki Ba

Daga bakin tashar mota, Birnin Gwari.

Zuwa ga mahaifiyata, Inna Kande mai tuwon tasha.

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Na durƙusa gwiwa biyu na gaishe ki kamar yadda kika koya mini, tare da fatan kina cikin ni'imar Ubangiji a inda kike kwance. Mu nan muna lafiya, jikokinki sun girma, mai gidana kullum yana sa ki cikin addu'a. Karatun yaƙi da jahilcin nan da kika riƙa yi mini dariya a kansa, kina cewa me mai tuƙa tuwo za ta yi da fensir, ga shi yau da shi nake kawo miki ƙara.

Sarkin tasha ya aiko mini da saƙo. Ya ce daga nan zuwa Juma'a in zaɓi ɗaya: ko in kama bakina, ko in kwashe tukwanenki daga rumfar da kika kafa da hannunki. Yaya Sale kuma, ɗanki na fari, ya tsaya a gaban jama'a ya ce da kina raye da kin tsine mini. Shi ya sa na ce gara ki ji maganar daga bakina, tun daga tushenta, domin akwai abin da ya faru bayanki da ba ki sani ba.

Ranar da kika shiga motar Ɗanlami za ki Kaduna sayen manja da kwanuka, ina Randagi gidan aurena ina sussukar dawa. Rana tsaka ce, hanya a bushe, babu hadari babu hazo. Motar ta sauko gangaren nan na cikin daji, ta kuskure ƙaramar gadar, ta kife cikin rafi da mutane da kaya. Kafin mai keken da aka aiko ya iso gare ni, kafin ni kuma in iso gari, an riga an kai ki. Ban ga fuskarki ba, kuma har yau abin yana ci mini rai.

A zaman makoki kowa ya shigo magana ɗaya yake kawowa: aljanar gada ce. Kin san labarin, matar nan mai farin zane da ake cewa takan tsaya tsakiyar gadar, wadda direbobi ke danna wa oda don gaisuwa, su jefa mata goro ta taga kafin su haye. Aka ce Ɗanlami ne ya manta bai jefa goron ba, ta fusata. Masu ganin sun waye kuma suka ce ai canjin hannun tuƙin da gwamnati ta yi ne ya rikita shi. Na zauna ina karɓar gaisuwa, ina amsa amin, na ɗauka haka ɗin ne.

Sai da Ladi ta fito daga asibiti na ji gaskiya. Ladinki dai, 'yar Kusasu, abokiyar tafiyarki da kike tsokana cewa waƙar cocinsu ta fi miyarta daɗi. Ta zo mini ta'aziyya da hannu ɗaya, na daman an yanke shi daga gwiwar hannu. Ta ce tun a tasha ta ga Ɗanlami ya ɓullo daga lungun baya yana tauna citta, idonsa jawur. Ta ce tun da kuka bar gari yake waƙa yana kaɗa sitiyari kamar kalangu, ke kuma kina buga katakon bodi kina cewa, “Ɗan nan, a hankali, 'ya'yan mutane ka ɗauko.” Goron kuwa ya jefa, Ladi ta gani da idonta. Ya saki sitiyari ya leƙo da rabin jikinsa waje yana dariya ya jefa, kuma a nan motar ta ƙwace.

Shi ƙujewa kawai ya yi a goshi. Manya suka taru suka zo gida neman a yafe masa, aka ce ƙaddara ce, aka shafa fatiha. Ba a jima ba na gan shi a kan wata motar ya cika ta da fasinja, ya ɗaga mini hannu yana tambayar ya haƙuri.

Da ni da mai gidana muka dawo gari na karɓi rumfarki, sai na fahimci yadda abin yake tafiya, domin mai tuwon tasha babu abin da ke ɓoye mata. Direbobin nan tsoron dajin suke ji, Inna, duk wannan fankamar da kike gani. Kafin su shiga sai sun zaga baya sun sha abin da suke kira maganin daji, wai don zuciya ta tsaya idan aljana ta fito. Su sha, ido ya rufe, su faɗa rafi. Labarin aljana ya ƙara girma, na baya ya ƙara jin tsoro, ya ƙara yawan abin da yake sha. Baiwar Allah, in ma tana nan, an ɗora mata gawarwakin da ba ta san hawa ba, ba ta san sauka ba.

Da za ki tashi ki bi hanyar nan yau da kin yi kuka. Maƙeran Kakangi sun daina zuwa nesa neman ƙarfen garma, gindin gadar ya ishe su. A gefen kwalta akwai kaburburan baƙi da aka binne ba a san sunansu ba, wataƙila har yanzu iyayensu na can wani gari suna duban hanya. Akwai Bafillacen da aka bi ta kansa da shanunsa yana tsallakewa da su zuwa mashaya, matarsa ce ke kawo mini nono yanzu, ba ta taɓa ɗaga kai ta kalli mota ba. Duk waɗannan an ce aljana ce.

Kada ki ɗauka faɗa nake da masu dafa burkutu. Manomin da ya tashi daga gona ya sha ƙwaryarsa ya nufi gida da ƙafa, in ya faɗi a kwata shi kaɗai ya faɗi, tsakaninsa da matarsa ne. Rigimata da wanda zai sha ya ɗauki makulli ne. Kuma kada kowa ya ce mini wannan halin wasu ne ban da wasu. Na ga ɗan coci mai sunan Littafi ya sha, na ga wanda ke sahun gaba a masallaci ya ɗura ogogoro a kwalbar lemo ya tura ƙarƙashin kujera kusa da carbinsa.

Ga abin da nake yi da har ya kai ni gaban sarkin tasha. Kin san direba ba ya tashi sai ya ci tuwo, kuma kin koya mini in zuba wa baƙo ruwan wanke hannu da kaina. To, idan na sunkuya da butar, hancina yana aikinsa. Citta ba ta ɓoye warin giya, kanumfari ba ya ɓoye shi, goro ma ƙara tona shi yake. In na ji, sai in ce masa a hankali ya je ya kwanta gindin mangwaro har ta sake shi. In ya ƙi, in goge hannuna a zane, in je bayan motar in ce, jama'a, direbanku ya sha, mai son sauka ya sauka.

Ranar farko da ƙyar na faɗa. Wasu mata suka sauko da ƙullin kayansu. Wani dattijo mai babbar riga ya leƙo ya ce mini ajali ba ya wuce lokacinsa, in ji tsoron Allah. Na ce masa gaskiya ne, Baba, amma na ga kai ma ba ka zauna a kan murfin baya ba, ka nemi tsakiya ka riƙe ƙarfe gam. Aka yi dariya, bai sauka ba, ni kuma ban janye maganata ba.

'Yan kamasho sun sa mini suna 'yar sanda mai ludayi. Wasu direbobin sun ƙaurace wa tuwona, sun koma cin na Talatu da ko gishiri ba ta iya sawa daidai ba, Allah Ya ƙara musu haƙuri. Ko a jikina. Abin da na sani shi ne yanzu mata kafin su taka tayar mota sai sun waiwayo rumfata, in na gyaɗa kai su hau. Akwai direbobin da ke zuwa da kansu su hura mini iska a fuska suna dariya, su ce in shaida. Akwai kuma waɗanda na ga sun kwanta gindin mangwaron ba tare da na ce komai ba.

Sarkin tasha ya daɗe yana jin haushi, domin duk motar da aka sauka daga cikinta lodi ya lalace. Amma bai sami abin kama ni da shi ba sai ranar kasuwar da ta wuce.

Yaya Sale ne ya yi lodi a motar da yake ja, 'yan biki ne, yawancinsu mata da goyo. Ya zo ya zauna a bencinki ya ce a sa masa miyar kuka. Na sunkuya da buta, sai na ji abin da ban taɓa zaton zan ji daga bakin ɗan da kika haifa ba. Inna, ban san lokacin da na zubar da ruwan a ƙafarsa ba. Na roƙe shi ƙasa-ƙasa, na ce Yaya, don darajar Inna ka shiga ciki ka kwanta, ka ba wani makullin. Ya ce ɗan kaɗan ne, wai tun rasuwarki ba ya iya tunkarar gadar nan da idonsa biyu. Na ji tausayinsa har cikin raina, wallahi na ji. Sai ya wanke hannu ya tashi ya nufi mota.

'Yan kamasho sun bar abin da suke yi, masu rake da masu gyaɗa duk sun zubo mini ido, ana jira a ga ko bakin nan nawa yana isa gidanmu. Wata yarinya a bayan motar tana gyara wa jaririnta hula. Na je na tsaya inda na saba tsayawa, na faɗa, har da sunansa.

Babu wanda ya saura a cikin motar. Yaya ya sauko ya tsaya yana kallona kamar bai taɓa ganina ba. Ya ce na tuɓe shi a kasuwa, ya ce kin sha rufa wa baƙi asiri a rumfar nan balle ɗanki, sannan ya faɗi maganar tsinuwar. Mai motar ya ji labari ya karɓe makullinsa. Yanzu Yaya yana zaune a gida, matarsa ta daina amsa gaisuwata, 'ya'yansa an hana su zuwa cin ƙanzo wurina. Ba zan ɓoye miki ba, wannan ya fi zagin 'yan kamasho zafi nesa ba kusa ba.

Na san ke mai rufin asiri ce. Na tuna yadda kike zuba wa wanda ba shi da ko sisi tuwo, ki ce masa wani ya riga ya biya, don kada ya ji kunya. Na yi ta juya abin a raina, ko da kina nan da kin ja ni gefe kin ce Asabe, ɗan'uwanki ne. Wataƙila da kin ce haka. Amma ke ce kika buga katako kina roƙo babu wanda ya saurare ki, kuma da a ce ranar akwai wata mai bakin tsiya irina a tashar nan, da yanzu kina zaune kina yi mini faɗa a kan yawan barkono. In kin yi fushi da ni, ki yi haƙuri, ki yafe mini. Gobe in ya sake, zan sake.

Ban jira Juma'ar tasu ba. Yau da hantsi na kwance rumfar da kaina, don kada ƙattin banza su taɓa miki kaya. Ladi ta zo taya ni, ta ɗora babbar tukunya a ka ta tallafe da hannunta ɗaya, tana zagin sarkin tasha da yarensu don kada ya gane. Da na zo cire gungumen da kike jingina da shi in kin gaji, na ga inda bayanki ya goge shi har yana sheƙi. A nan ƙarfina ya ƙare, na zauna a ƙasa na yi kukan da ban samu na yi ba ranar da aka kai ki.

Mun kafa murhu a gindin tsamiyar da ke wajen ƙofa. Wurin ba na tasha ba ne, ba na sarkinta ba ne, kuma duk motar da za ta hau kwalta sai ta rage gudu a gabana. Kafin tuwo ya nuna har mata sun fara tsayawa suna tambayata wace mota za su shiga.

Da la'asar Yaya ya zo wucewa. Na ce sannu Yaya, ya kau da kai. Na bi shi da kallo yana tafiya da ƙafafunsa, da 'yar hular nan tasa a karkace, har ya shige lungu. Inna, na yarda ya shekara goma yana wuce ni haka ina kallon ƙeyarsa, da a sauke mini shi a ƙofar gida naɗe cikin tabarma.

Allah Ya jiƙan ki, Ya haskaka makwancinki, Ya sa mutuwar da kika yi ta zama kankarar zunubi. Allah Ya jiƙan baƙin da ke kwance a bakin hanyar nan, Ya sanar da danginsu. Ya cire wa Yaya tsoron gadar da abin da yake sha dominta, Ya huce zuciyarsa a kaina in da rabo. Ni kuma Ya bar mini hancina da bakina, kada Ya ba ni kunyar da za ta ci ran ɗan wani. Amin.

Ki huta lafiya, Innata.

'Yarki mai kewarki,
Asabe.