Ka Mayar wa Kakata da Muryarta

Zuwa ga Malam Darakta, mai shirya fina-finan ban dariya na talabijin.

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da aiki, ina gaida iyali. Sunana Falmata. Muna zaune a Assaga, kusa da Diffa, tun da tashin hankali ya kore mu daga garinmu na bakin kogin Komadugu. A aji shida na tsaya da lakwal, wato makarantar boko, kuma ba na iya magana cikin mutane, shi ya sa na rubuta. Mushenmu, malamin da ya koyar da ni, ya ce zai kai gidan rediyo a karanta.

Na ɗaya. Bara, lokacin shanyar tattasai, kun zo ɗaukar fim kusa da bukkarmu. Ɗan wasanka mai ƙaton tumbi yana gudun akuya, ya afka cikin shanyar kakata, Kaka Yagana, da takalminsa. Ita ba ta san wasa kuke ba. Ta ɗauki muciya ta bi shi tana zazzaga masa faɗa da Kanuri. Kai kuwa dariya ta zaunar da kai a ƙasa. Ka nemi izinin sa ta a fim, ta yarda. Ran nan na fara jin dariyarta tun barowarmu gida.

Na biyu. Da fim ya fito, muka taru gidan maƙwabcinmu mai talabijin. Ga Kaka, ga muciya. Amma tana buɗe baki sai muka ji siririyar muryar wata budurwa da Hausar Damagaram, wai tana roƙon mai tumbi ya ɗan gusa. Malam, kakata ba ta taɓa roƙon wanda ya taka mata tattasai ba. Abin da ta gaya masa kunya ba za ta bar ni in rubuta duka ba, amma har kakanninsa sun samu rabonsu.

Na uku. Yanzu mata a bakin famfo suna maƙale murya suna kwaikwayonta. Kaka ta daina fita hira. Ta ce gona ta bari, gida ta bari, ba ta san har murya za a karɓe mata ba.

Fim ɗin ya yi daɗi, gaskiya, sau huɗu na kalla. Wataƙila ka ji tsoron masu kallo ba za su gane ba. To ai kai ma ba ka jin Kanuri, kuma na ga yadda ka riƙe ciki.

Ina roƙonka ka mayar da muryarta, ka rubuta Hausar a ƙasa. Zan taya ka fassara, ban da kalmomi biyu. Sannan ka zo ka nuna mana shi nan Assaga, matan famfo su zauna a gaba. Kaka ta ce in ka yi haka ta ajiye maka dakakken tattasai. Mai tumbi ma yana iya zuwa, amma ya cire takalmi tun daga bakin hanya.

Allah ya ƙara maka basira, ya tsare hanyarka zuwa Diffa, ya mayar da mu gida lafiya.

Wassalam.
Ƴarka, Falmata.