Garayar Baba Ɗantsoho

Daura, 9 ga Maris, 2002

Zuwa ga matata Haulatu,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai tarin yawa, ina fata kina lafiya, ke da Inna. Yaya ƙafar tata? Ni lafiya lau, in ban da tuwon gidan baƙi da ke sa ni kewar miyarki.

Aikin fim ya kusa ƙarewa. Kaset goma sha ɗaya na cika da Baba Ɗantsoho, tsohon makaɗin garayar nan na Baure da na ishe ki da labarinsa. Ashe ba wurin wani makaɗi ya koyi salonsa ba. Daga luguden mahaifiyarsa ya ɗauko shi, yadda take jefa taɓarya sama ta tafa kafin ta cafe. Da ya kaɗa mini wurin, wallahi sai da na ji ƙarar turmin. Ba wanda ya gaje shi, ɗansa Jafaru dillalin awaki ne.

Ki gaida kowa.

Mijinki,
Zakiyyu

Daura, 2 ga Afrilu

Haulatu,

Ina gaisuwa, da fatan kuna lafiya. Kada ki sa rai da ni ranar Juma'a. Baba Ɗantsoho na kwance, jiki ya yi tsanani. Ciwon ya sa wa'azin da ake ta yi tun zuwan Shari'a ya shige shi, cewa duk wanda ya saurari kiɗan mutum bayan ransa, zunubin na iske makaɗin a kabari. Ya tuba, ya sa an fasa garayar. Yanzu roƙona yake in shafe kiɗan. Hoto da hira ya bar mini.

Na kawo hujja iri-iri, har na ce malamai ma sun saɓa a kai. Bai yi musu ba, hannuna kawai ya riƙe yana kuka. Ni ba malami ba ne, Haulatu. Da wane baki zan ce wa mai shirin shiga kabari ya kwantar da hankalinsa? Da ma Jafaru ne ya zo mini da faɗa, da na san yadda zan yi da shi. Na yi wa Baba alkawari zan shafe.

Naki,
Zakiyyu

Daura, 12 ga Afrilu

Haulatu,

Yaya gida, yaya Inna? Allah ya yi wa Baba rasuwa ranar Litinin. Bayan sadakar uku na zauna a zaurensu, Jafaru na gefe, na bi kaset-kaset ɗin da kyamara ina shafe sauti duk inda garaya ta shigo. Ba zan rufe ki ba, na so in ɓoye guda ɗaya. Na kasa.

Jiya na kalli abin da ya rage. Yatsun Baba na ta gudu a kan tsirkiya, ɗaki shiru. Na gwada bin kiɗan da baki don kada ya kuɓuce mini. Farkon na nan. Daga tsakiya ban san ko nasa nake yi ko nawa ba, kuma babu wanda zan tambaya.

Ki sa mu a addu'a, ni da shi.

Mijinki,
Zakiyyu