Ya Ƙirga Ɗaya Zuwa Goma

Roma, 9 ga Afrilu, 1963

Mamma,

Ina gaishe ki. Ya ƙafar taki? Ya Nunzia da jaririnta? Ni lafiya lau, ina cin abinci, kar ki damu.

Sai dai akwai 'yar magana. Kin san aikina nemo wa darakta fuskokin da za su fito a fim. Wata biyu ina kawo masa tsofaffin da za su fito a masunci, yana kora. Jiya ya ga hoton Papa a teburina, ya ce, “Filomena, wannan nake so. Ki kawo shi ran Litinin, ko ki tattara naki ya naki.”

Ban gaya masa shekara shida ke nan Papa bai ce min uffan ba, tun da na kama wannan sana'a.

Don Allah ki lallashe shi, Mamma. Ba sai ya haddace komai ba. A nan mutum ƙirga ɗaya zuwa goma kawai yake yi gaban kyamara, daga baya a ɗora muryar wani. Ni zan tsaya gaban Papa ya kalle ni yana ƙirgawa.

Ko ƙirgan ne, ina son in ji muryarsa.

'Yarki,
Filomena