Kaset Bakwai na Mahaifiyarki

Nasarawa GRA, Kano
4 ga Maris

Zuwa ga 'yata Afrah,

Bayan gaisuwa mai yawa, ina fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Ni da sauƙi, sai dai ƙafafun nan.

Na ga saƙonki kan masu binciken da ke neman kaset bakwai na marigayiya mahaifiyarki. Kin ce harshenta na Kula yana ƙarewa ko a tsibirin Alor, inda aka haife ta, kuma kaset yana lalacewa. Gaskiya ne. Amma ki yi haƙuri, ba zan bayar ba. Da ita nake hira bayan la'asar.

Kina jaririya muka ɗauke su, tana koya mini harshen. Takan faɗi kalma sau uku, ta yi shiru, in maimaita. Har yau ana jin muryata ta ƙuruciya tana tuntuɓe a kan wasula dogaye da gajeru, da wani sauti tsakanin b da w wanda leɓɓa ba sa haɗuwa a kansa. Ban taɓa iya shi ba. Ana jin dariyarta.

Ki gaida yara.

Mahaifinki,
Lawan

19 ga Maris

'Yata Afrah,

Ina gaisuwa, da fatan zazzaɓin ƙaramin ya sauka.

Kada ki ce tsufa ne. Ran Litinin na sa kaset na biyar. Ta faɗi kalmarta, ta yi shiru, sai muryar tsoho ta amsa mata daga ciki, har da tarin nan nawa. Bakina a rufe yake. Kuma ya faɗi sautin nan da ya gagare ni daidai.

Na kira Tanko mai ban ruwan fulawa ya saurara. Ya tambaye ni yaushe na ɗauki wannan, jiya ko shekaranjiya. Tun ranar bai ƙara shigowa falo ba.

Jiya na sa na shida. Tsohon ne tun daga farko, ba tuntuɓe ko ɗaya. Ta daina dariya, hira suke yi, ni kuwa a kujera ba na gane abin da nake ce mata.

Ki zo ranar Asabar ki kwashe su, ki ba mutanen nan. Na sa Tanko ya ɗaure na bakwai a leda ya ajiye a ɗakin maigadi, don na san halina idan la'asar ta yi. Ki taho da wuri.

Allah ya yi miki albarka.

Mahaifinki,
Lawan