Ranar da Inna ta faɗi sunan Yaya

Kawu,

Assalamu alaikum. Ina gajiya, ya iyali, ya kasuwar shanu can Ibadan?

An sake ɗage shari'ar Yaya Lawali a Saudiyya, kan jakar nan da aka kama shi da ita, alhali ba tashi ba ce. Wallahi mun gaji. Ran Laraba na raka Inna gidan rediyo a Gusau, ta roƙi hukuma ta sa baki. Sai "yaron nan" take ta cewa, ka san kunyar ɗan fari. Ɗan jaridar ya ce, "Hajiya, in babu suna, wa za a nema?"

Inna ta sunkuyar da kai, sannan ta ce, "Lawali."

Ban taɓa jin sunan a bakinta ba. Har muka iso Mafara ba ta ɗaga kai ba.

A gaida mutan gida. Ku yi muna addu'a, kada ya zama a banza ta faɗa.

Ɗiyarka,
Balkisu